Lon Chaney da Sana'ar Sauya Kama: Nazari Domin 'Yan Wasan Kwaikwayo na Katsina da Daura

Ƙungiyoyin wasan kwaikwayo na Katsina da Daura, tun daga na makarantun sakandare har zuwa masu ɗora shiri a YouTube, ba sa rasa jarumi, ba sa rasa jaruma. Wanda ake nema ido rufe shi ne mutumin da za a ce masa yau kai ne mai unguwa, gobe ɗan kamasho a tasha, jibi tsohon makaho a bakin Ƙofar Soro, ya kuma fito a duka ukun ba tare da 'yan kallo sun fara raɗa "ai wane ne" ba. Irin wannan ɗan wasa shi ke riƙe da labari ta ƙasa, kuma shi ne aka fi sakaci da horar da shi.

Wani ɓangare na dalilin yana cikin tarihinmu. A wasan Hausa na rediyo da talabijin, rawa ɗaya takan haɗiye mai taka ta har sunansa na yanka ya ɓace. Marigayi Usman Baba Pategi ya zama Samanja. Alhaji Umaru Ɗanjuma Katsina, marubucin Kulɓa Na Ɓarna, Kasagi kowa ya san shi da shi. Marigayi Rabilu Musa ya zama Ibro. Hanya ce mai albarka, ta kuma ba mu mutanen da ba za a manta da su ba. Sai dai ba ta magance matsalar ƙungiyar da ke da mutum takwas alhali rubutun yana neman goma sha huɗu. Akwai ɗaya hanyar, wadda ɗan wasa ke ɓoye kansa ya fito da wani mutum dabam a kowane aiki, kuma a tarihin fim babu wanda ya bi ta har ƙarshenta kamar Ba'amurken nan Lon Chaney. Yanzu kusan shekara ɗari da mutuwarsa, amma matsalolin da ya yi fama da su, gam da gumi da haske da ciwon jiki, su ne dai ake fama da su a wurin ɗaukar fim a Katsina.

Gidan da ya tashi

An haife shi ranar 1 ga Afrilu, 1883, a garin Colorado Springs na Amurka. Mahaifinsa mai aski ne. Uwa da uba duka kurame ne, har kakansa na wajen uwa shi ne ya kafa makarantar kurame ta garin a 1874. Ke nan a gidansu da hannu da fuska da kafaɗa ake hira. Yana ɗan shekara goma ko kusa da haka ciwon gaɓoɓi ya kwantar da mahaifiyarsa, aka cire shi daga makaranta ya zauna jinyarta, yana kwaikwaya mata abin da ya gani a gari da jikinsa. Wanda ya taɓa zama ya kalli kurame suna maganar hannu a kasuwa ya san abin da wannan horo ke nufi: gira kaɗai takan mai da magana tambaya, kuma da karkata kafaɗa ake nuna wa ke magana a cikin labari, sarki ne ko bafade.

Ya shiga gidan wasa ta ƙofar baya, yana jan labule da ɗaukar kaya, ya kuma koyi sana'ar shimfiɗa darduma da liƙa takardar bango. A 1902 ya fara hawa dandamali, ya shafe kusan shekara goma yana yawo gari-gari da ƙananan ƙungiyoyi masu raha da waƙa da rawa. A irin waɗannan ƙungiyoyi babu mai kwalliya. Kowa da ɗan akwatinsa, kowa shi ke gyara fuskarsa, kuma wanda ya iya fitowa mutum biyu a dare ɗaya shi ne na ƙarshe da za a sallama in kuɗi suka yi ƙasa. Rikicin aurensa na fari a 1913, wanda ya bazu a jaridun Los Angeles, shi ya raba shi da dandamali ya tura shi harkar fim gaba ɗaya.

A kamfanin Universal ya yi shekaru yana ƙananan fitowa, mugu yau, dattijo gobe. Da ya nemi ƙarin albashi, manajan wurin ya gaya masa ba zai taɓa wuce dala 100 a mako ba, sai ya ajiye aikin. A 1923 kamfanin nan dai ya dawo ya biya shi dala 2,500 a mako. Abin da ya faru tsakanin waɗannan lokuta biyu shi ne gundarin nazarin.

Jiki kafin fenti

Aikin da ya fito da shi, The Miracle Man na 1919, kusan babu kwalliyar fuska a cikinsa. Ya fito a matsayin ɗan damfara mai ƙaryar gurgunta, wanda ke murɗe ƙafafunsa da hannuwansa ya ja jiki a ƙasa, sannan a gaban jama'a ya riƙa warware gaɓoɓin ɗaya bayan ɗaya kamar an yi masa addu'a ya warke. 'Yan mintuna ne suka rage na wannan fim a duniya, amma wurin warwarewar yana cikinsu. Abin lura a ciki shi ne jinkiri. Ba ya miƙewa lokaci guda. Wuyan hannu ke fara saki, sannan gwiwar hannu, sannan ƙafa ɗaya, yana tsayawa tsakanin kowanne, fuskarsa tana nuna zafi ga taron da ke kallo, tana kuma nuna wa mai kallon fim cewa duk shiri ne. Abu biyu a fuska ɗaya.

Daga nan ya kamata mai koyo ya fara. Saurayin da aka ba rawar tsoho yakan yi abu uku nan take: ya ranƙwafa, ya riƙe ƙugu, ya sa murya ta riƙa rawa. Wannan tsohon tashe ne, kuma a tashe yana da daɗi, domin kowa ya san yaro ne da gemun auduga, sanin ma shi ne abin dariyar. A wasan da ake so a yarda da shi, ba ya aiki. Dattijon gaske ƙoƙarin miƙewa yake yi, jikin ne ke ƙi. Takunsa gajere ne, tafin ƙafa ba ya nisa da ƙasa. In an kira shi ta baya, da kafaɗa yake juyowa, wuya ba ya juyawa shi kaɗai. In zai zauna a tabarma, hannu ɗaya ke fara sauka, in zai tashi yakan yi shiri, ya dafa gwiwa, ya ce "Ya Allah" ba don a ji ba. Ɗan wasa ya samu mako biyu yana zama kusa da majalisar dattawa bayan la'asar, ya zaɓi mutum ɗaya tak, ya ɗauki abu uku daga gare shi. Gwajin kuwa mai sauƙi ne: a ɗauke shi a waya daga baya, da kayansa na gida, yana tafiya taku ashirin. In wanda bai san shi ba ya kalla ya ce dattijo ne, a ci gaba zuwa fuska. In bai ce ba, duk gemun da za a liƙa asarar gam ne.

Inda ya wuce gona da iri

A 1920, a fim ɗin The Penalty, ya fito shugaban 'yan ta'adda da aka yanke wa ƙafafu biyu tun yana yaro. Babu dabarar kwamfuta a lokacin. An naɗe ƙafafunsa baya, dunduniya ta koma bayan cinya, aka ɗaure da ɗamarar fata, gwiwoyinsa suka shiga cikin wasu kwasfa guda biyu, aka ɗora masa kwat mai faɗi da ya rufe komai. A kan gwiwoyin ya yi tafiya, har da hawa da sauka. Mintuna kaɗan yake iya jurewa kafin a kwance shi jini ya koma. Abin ya gamsar har kamfanin ya ƙara wani ɗan hoto a ƙarshe da ke nuna shi yana saukowa daga bene da ƙafafunsa, don mutane su yarda ba gurgu ba ne.

Wannan ba abin koyi ba ne, kuma ya kamata a faɗa ƙarara, domin samari suna son nuna jarumta. Naɗe gwiwa da ɗauri yana tare jini, yana kuma danne jijiyar da ta zagaye ƙashin gefen gwiwa ta waje. In dannin ya daɗe, mutum yakan kasa ɗaga tafin ƙafarsa, ya riƙa jan ta, wani lokaci na makonni, wani lokaci ma ya zauna. Alamar farko ita ce sanyi da tsiyayar allura a yatsu. Da zarar an ji, a kwance, ko da ana tsakiyar ɗauka. Mu kuwa muna da sauƙin da shi bai samu ba. Babbar riga da zama a ƙasa suna ɓoye ƙafa ba tare da ɗauri ba. Ana iya haƙa ɗan rami a ƙarƙashin tabarma, ko a huda kujerar keke, ko a sa kyamara daga ƙugu zuwa sama. Mafi kyau duka, a nemi mai buƙata ta musamman da ke son wasa, a biya shi kamar kowa. Shi kansa Chaney, a fim ɗin 1927 da ya fito marar hannu mai jifa da wuƙa, wani mutum ne da ba shi da hannuwa da gaske, Paul Desmuke, ya ba da ƙafafunsa a wuraren da ake shan taba ko riƙe kofi da yatsun ƙafa.

Akwatin kwalliya

Ana masa laƙabin mai fuska dubu, amma fuskoki biyu suka fi shahara: mai doron cocin Notre Dame na Paris a 1923, da fatalwar gidan waƙe na 1925. Shi ya tsara su, shi ya ɗora su da hannunsa. Kayan aikin ba su da yawa: fentin mai, hoda, auduga, ƙullin gina hanci, gam na fata, gashin ulu, haƙoran roba, da wani ruwa mai suna kolodiyon. A rawar mai doro ya gina kumatu da auduga da kolodiyon hawa-hawa, ya rufe ido ɗaya da ƙulli, ya goya doron filasta da ɗamara ta riƙe shi a ranƙwafe. Masu talla sun yi ta cewa nauyin doron ya kai fam 70. Masu binciken da suka bi diddigi sun nuna bai wuce fam 20 ba, kimanin kilo 9. A rawar fatalwa ya ja kan hancinsa sama da ɗan siririn fatar kifi da aka liƙa, ya buɗe ƙofofin hancin da waya, ya baƙanta kwarmin idanu, ya manne kunnuwa baya. Mai ɗaukar hoton fim ɗin ya ba da labarin cewa wayar tana sa hancin zubar da jini. An ɓoye fuskar, ba a bar jaridu sun buga ta ba sai da fim ya fita, kuma wannan ma dabara ce da masu saka hoton bayan fage a Facebook tun kafin a gama aiki suka manta da ita.

Abin da ya bambanta shi da sauran masu akwati shi ne ya san abin da kyamara ke gani. Fim ɗin ɗauka na farkon shekarun 1920 ba ya ganin ja, yakan mai da shi baƙi, shuɗi kuma ya koma fari-fari. Don haka abin da madubi ya nuna daban, abin da zai fito a majigi daban, sai an gwada. Da aka koma sabon nau'in fim mai ganin dukkan launuka a ƙarshen shekarun, dole aka sauya kayan kwalliyar gaba ɗaya. Ya ƙware har shi aka ba ya rubuta bayanin kwalliyar fim a kundin Britannica na 1929.

Matsalar yau ita ce akasin waccan: kyamara tana ganin komai. Bakin gam, zaren auduga, layin da fenti ya tsaya a wuya, duk suna fitowa. Saboda haka a yi gwaji kwana ɗaya kafin ɗauka, a wurin da za a yi aikin, da fitilar da za a yi amfani da ita, a kashe abin gyara fuska na waya, a kuma kalli sakamakon a talabijin, kada a tsaya ga ɗan allon waya.

Gemu shi ne inda aka fi faɗuwa, don haka a dakata a kansa. Auduga fara fat ba ta kama da furfura. Furfurar gaske gauraye take. A haɗa kala uku na gashin ulu, fari da toka-toka da ɗan baƙi, a warware kitsonsa, a jiƙa, a goge da dutsen guga marar zafi sosai ya miƙe, a taje su tare. Gashin doki na kitso yana ƙyalli a gaban fitila kuma yana narkewa a guga, sai in babu yadda za a yi. A wanke fuska da sabulu, a bushe, kada a shafa mai ko kaɗan. Ana fara liƙawa daga ƙarƙashin haɓa a hau sama, kowane layi ya rufe gindin na ƙasansa, kamar yadda ake baibayar jinka. Faɗin kowane layin gam kamar yatsa ɗaya, a jira ya fara danƙo kafin a ɗora gashi. In aka ɗora yana ruwa, gashin zamewa yake yi ya dunƙule. A yanke bakin gashin a karkace, a danna da gefen almakashi. Layin ƙarshe na saman kumatu shi ne mafi sirara, 'yan silalla a warwatse, domin can ido ke kama ƙarya. Sai an gama duka ake aske shi zuwa siffar da ake so. Ƙaro ba ya riƙe gemu, domin ruwa ke narkar da shi, gumi kuwa ruwa ne. Gam mai kama ƙarfe da roba kada ya kusanci fuska, yana tafiya da fata. In gam na wasan kwaikwayo bai samu ba, na liƙa gashin ido da masu kayan kwalliya ke sayarwa yana riƙe gashin baki da ɗan tsirit na gemu, amma a gwada shi a cikin hannu kwana ɗaya kafin nan, saboda wasu fatarsu ba ta karɓarsa. Wajen cirewa a jiƙa da man zaitun a bi a hankali, ba a fizga.

Tsufar fuska a baƙar fata da haske ake yin ta fiye da inuwa. Littattafan kwalliya da yawa don farar fata aka rubuta su, inda layi mai duhu ke fitowa. A fatarmu baƙin layin kwalli ɓacewa yake yi, ko ya zama kamar an yi zane da gawayi. Ɗan wasa ya haɗe rai, ya yi murmushi, ya ɗaga gira, a ga inda fatarsa ke naɗewa da kanta. A sa duhu kaɗan cikin naɗin, a sa launin da ya fi fatarsa haske da mataki biyu a gefensa, a bar gefe ɗaya da kaifi, a murje ɗayan har ya ɓace. A bi wuya da bayan hannu. Farar hoda tana mai da fuska kamar an yi wanka da toka. Mai launin fata ake so, a danna ta da soso, ba a goga ba. Sau da yawa ƙananan abubuwa sun fi layuka goma aiki: tabon sujada a goshi, jan goro a haƙori, hular da ta sha wanki, tabarau mai ɗaurin zare.

Tsage kuwa, a dandamali fensirin gira ya isa. A gaban kyamara kolodiyon mai tauri shi ke ba da ramin gaske, domin yana tsuke fata in ya bushe: siririn burushi, shafi uku ko huɗu, kowanne ya bushe kafin na gaba. Ba a kai shi kusa da ido, ba a maimaita shi wuri ɗaya kwana da kwanaki don yana saɓe fata, kuma yana kama wuta, don haka nesa da sigari da janareta. Kafin a zana komai a tambayi tsohon wanzami. A ba Badauri tsagen Gobirawa kuskure ne da 'yan kallon nan ba sa yafewa.

Sai lokaci. Cikakkiyar fuska irin ta Chaney takan ci awa uku. A watan Afrilu da Mayu, da zafin Katsina ke kai digiri 40, gam ba ya jure rana. A fara kwalliya bayan sallar asuba, a ɗauki hotunan kusa da fuska tun da hantsi, a bar na nesa zuwa baya. Da hunturu matsalar bushewa ce, fenti yana tsattsagewa a gefen baki. Gam da kolodiyon suna kuma hana ruwa taɓa fata, saboda haka ɗan wasa ya yi alwala kafin ya zauna, a tsara aiki yadda za a cire kafin ya buƙaci wata. Furodusan da bai sa wannan a jadawali ba zai yi kwalliya sau biyu a yini ɗaya. A ɗauki hoton fuskar ta gaba da gefe biyu kowace rana, in ba haka ba gemun Talata ba zai yi kama da na Laraba ba, a wajen tace fim kuma babu magani.

Ba tare da akwati ba

A 1926, yana kamfanin MGM, ya fito sajen sojan ruwa mai tsanani a Tell It to the Marines, da fuskarsa ta Allah, babu gam babu ƙulli. Fim ɗin ya samu karɓuwa sosai, rundunar ta ba shi mambancin girmamawa, shi ma yana sa wannan aiki cikin waɗanda ya fi so. Tsayuwa da kallo da yadda yake riƙe haɓa su suka yi aikin. A rayuwarsa ta yau da kullum kuma ba ya son hira da 'yan jarida, ba ya halartar bukukuwan taurari, da gangan, don kada jama'a su saba da ainihin fuskarsa. Ɗan wasan da ke fitowa kullum a TikTok da muryarsa da dariyarsa yana cin jarinsa ne, in dai sauya kama ce sana'arsa.

Da fim mai magana ya zo ya ja baya na ɗan lokaci, sannan a 1930 ya yi guda ɗaya, sabon ɗaukar The Unholy Three. Murya biyar ya yi a ciki: mai magana da ciki (wanda ke magana ba tare da motsa leɓe ba, a ɗauka 'yar tsana ce ke yi), 'yar tsanarsa, tsohuwa, aku, da wata yarinya. Har takardar rantsuwa ya sa wa hannu cewa duka nasa ne. A lokacin kansar huhu ta riga ta kama shi. Ya mutu ranar 26 ga Agusta, 1930, makonni bakwai bayan fitar fim ɗin, yana da shekara 47. Matarsa ta ba da akwatin kwalliyarsa ga gidan tarihi na Los Angeles, yana can.

Daga fina-finai sama da 150 da ya yi, kimanin 100 sun ɓata. Fim ɗin wancan zamani yana ruɓewa yana kuma kama wuta da kansa. Universal ya lalata mafi yawan fina-finansa marasa murya a 1948 don yana ganin ba su da sauran kasuwa, gobarar rumbun MGM ta 1965 kuma ta cinye kwafin ƙarshe na ɗaya daga shahararrun ayyukansa na 1927. Abin da aka sani game da fuskoki da yawa nasa daga hotunan tsaye aka san shi. Ƙungiyar da ke ajiye aikinta a waya ɗaya ko faifai ɗaya tana kan wannan hanyar. A ajiye kwafi uku, biyu a faifai daban-daban a gidaje daban-daban, ɗaya a intanet, a kunna faifan aƙalla sau ɗaya a shekara a tabbatar yana buɗewa, a haɗa da hotunan kwalliya da cikakken sunan kowane ɗan wasa da rawar da ya taka, har da wanda ya fito maroƙi na minti biyu.